Bidiyon Hajo Mai Raino

Ranar Laraba da safe, wajen ƙarfe bakwai, aka tsinci Hajo mai raino kwance cikin kwata a bayan injin niƙa na layin Hausawa da ke Abakpa Nike. Bokitinta na gefe a fashe, ɗankwalinta ya kwaɓe da taɓo. Tana numfashi, amma ba ta san wanda ke kanta ba. Wani mai keke mai ƙafa uku, ɗan ƙabilar Ibo, ne ya ɗauke ta ya kai asibiti.

Gidajen layin sun fi talatin, kuma a lokacin kowa ya tashi. Mai shayi ya hura wuta, mata na layin famfo, mahauta na dawowa daga mayanka da nama. Duk da haka, wanda aka tambaya sai ya ce shi bai ga komai ba.

Baba Yunus, dattijon da ke shugabantar Hausawan layin, ya aika a kira Malam Yero. Shekara talatin Yero ya yi yana bin sawu wa dillalan shanu. In an kore dabbobi daga garke, ko an sauke su daga tirela a hanya, shi ake nema. Siriri ne, ba ya son magana, kuma in yana tafiya ƙasa yake kallo.

Sai da suka gaisa a tsanake sannan suka taka zuwa bayan injin. An yi ruwa a daren jiya, ƙasa ta riƙe sawu. Yero ya zagaya wurin sau biyu.

"Waɗanda suka taɓa ta sun kai goma," in ji shi. "Akwai takalman mata a ciki. Waɗannan na baya kuma, da suka yi da'ira, tsayawa kawai suka yi. Sun fi yawa."

"Masu ɗauka a waya ke nan," in ji Baba Yunus. "Har dukan sai da aka ɗauka. Da shi 'yan sanda suka kama samari uku ɗazu. Ba don wannan na kira ka ba. Ka ga bidiyon farko?"

Yero ya gani. Babu mai waya a Abakpa da bai gani ba. Tsawonsa sakan ashirin da biyu ne. Hajo na durƙushe a tsakar ɗaki, ta kifa wani yaro ɗan shekara ɗaya a kan hannunta, kansa na kallon ƙasa, tana dukan bayansa da ƙarfi, fuskarta a murtuke. An ɗora masa kiɗa mai ban tausayi da jan rubutu: Ku ga abin da ake yi wa 'ya'yanku in kun fita. Jiya bayan magariba Yero ya kalle shi sau uku, ya ce Allah ya isa, ya tura wa 'yarsa da ke aure a Anacha.

"Yaron Alhaji Awwalu ne, Aslam," in ji Baba Yunus. "Uban ya kai ƙara. Tana farfaɗowa za a gurfanar da ita, kuma 'yan sanda na son wanda ya ɗauki bidiyon ya ba da shaida. Mun nema, babu wanda ya ce shi ne."

Yero ya ɗago kai. "Ranka ya daɗe, wanda ya tona mai dukan jariri ai yabo zai sha. Me zai sa ya ɓuya?"

"Shi na kira ka ka gano min. Matar nan shekara ashirin tana raino a layin nan tun rasuwar mijinta. Jikokina biyu a bayanta suka girma."

*

Alhaji Awwalu dillalin shanu ne, sun daɗe da sanin juna da Yero. Ƙaninsa Munzali, saurayi mai tuƙa keke da ke kwana a ɗakin waje, shi ya shimfiɗa musu tabarma ya kawo ruwa, sannan ya koma bakin ƙofa ya tsaya.

"Malam, in tausayi aka turo ka ka nema mata, ka koma," in ji Awwalu. "Ban ce a dake ta ba, amma ban yi baƙin ciki ba."

Matarsa Mu'minat ta fito da yaron a kafaɗa. Tana da shagon atamfa a kasuwa, shi ya sa Hajo ke zuwa ta zauna da Aslam daga safe zuwa la'asar. Ta ɗaga rigarsa. Tsakanin kafaɗunsa ya yi shaida. Yaron ya yi ɗan kuka, muryar a dishe.

"Tun jiya ba ya haɗiyar komai sai nono," in ji ta.

"Allah ya ba shi lafiya. Maman Aslam, a ina kika fara ganin bidiyon?"

"A guruf, kamar kowa."

"Da wane lokaci?"

"Ƙarfe uku na rufe shago na hau keke."

"Da kika zo me Hajo ta ce?"

"Ai ta amsa laifinta! Ina shigowa ta ce, 'Ashe kin riga kin ji? Ki yi haƙuri, Allah ne ya kiyaye.' Ban bari ta ƙara ko kalma ba. Na wanka mata mari, na jefa mata takalmanta waje."

"Waye a gidan lokacin da abin ya faru?"

"Ba kowa," in ji Awwalu. "Ina kara wajen shanu, ita tana shago, Munzali yana wajen aiki. Ta taga aka ɗauka. Kowa ya san Sadiya ce, maƙwabciyarmu, kunya ce ta hana ta faɗa. Allah dai ya saka mata."

Munzali ya gyaɗa kai daga bakin ƙofa.

*

Yero bai san kan waya sosai ba, amma ya san kowane abu yana da inda ya fito. Ya fara da tasa wayar. Shafi'u mahauci ne ya turo masa. Shafi'u, da hannu duk jini, ya ce daga gurufin mahauta ya samu. Wanda ya sa a gurufin ya ce ƙaninsa ne ya tura masa. Ƙanin ya nuna rumfar Imrana, mai cajin waya da tura waƙoƙi a bakin titi.

Imrana ya ga Yero ya tsaya a kansa, ya fara magana tun ba a tambaye shi ba.

"Abeg, Malam, ni ban dake ta ba. Ko wurin ban je ba."

"Kai ka sa kiɗan?"

"Ni na sa. Da rubutun. Taimako na yi, don iyaye su farga."

"Da wane lokaci?"

Imrana ya duba. "Biyar saura. Bayan la'asar dai. Ni na fara sa shi a guruf, kafin nan babu mai shi."

"Me ya sa sai ka sa masa kiɗa?"

"Yadda ya zo ba ya taɓa zuciya, Malam. Shiru ne, babu ko kuka. Irin wannan ba ya tafiya. Ka tambayi Munzali, ya fi ni sanin harkar. Shafinsa duk yara ne, a lasa musu lemon tsami su yamutsa fuska, mutane na dariya. Amma duk bidiyonsa babu wanda ya kai wannan. Yanzu haka ya kai Legas, ya kai Kano."

Ya faɗi haka yana ɗan murmushi, sannan ya tuna da wanda yake magana, ya haɗiye.

"Wa ya ba ka?"

"Anti Sadiya."

Yero ya tafi yana juya magana ɗaya. Mu'minat ta ce a guruf ta gani ƙarfe uku. Ƙarfe uku kuwa bidiyon bai shiga guruf ba.

*

Sadiya ma raino take yi, a ɗakinta. Yara huɗu ne jiya, yau sun zama bakwai, don matan da Hajo ke taimaka wa da yamma sun kwaso nasu sun kawo mata. Bara sun yi faɗa da Hajo a bakin famfo har aka raba su. Tana ganin Yero a ƙofa ta tare shi da magana.

"Da safe yabona ake yi, wai ni na tona ta. Tun da aka ji 'yan sanda sun shigo kuma kowa ya koma cewa ni na jawo. Wallahi Malam ba ni na ɗauka ba."

Yero ya nemi izini ya zagaya lungun da ke tsakanin gidajen biyu. Tagar ɗakin Mu'minat ta fi ƙirjin mutum tsawo, tana da raga da labule. Ya sake buɗe bidiyon. Wannan karon bai kalli Hajo ba, bai kalli yaron ba. Ya kalli gefe. Ana ganin ƙarƙashin tebur. Ana ganin ƙafar gado daga ƙasa. Wanda ya ɗauka a cikin ɗakin yake, kuma a zaune yake a kan leda, kusa da su.

Ya dawo wajen Sadiya. "Na yarda ba ke ba ce. Wa ya turo miki?"

Ta miƙa masa wayar. Mu'minat ce ta turo, uku saura minti goma, tare da saƙon murya. Sadiya ta kunna. Muryar Mu'minat ce cikin kuka da hayaniyar kasuwa: "Sadiya don Allah leƙa min Aslam, ga ni nan zuwa. Kar ki nuna wa kowa."

"Kin leƙa?" in ji Yero.

Sadiya ta sunkuyar da kai.

"Katanga ɗaya ce tsakaninku."

"Na tsaya kallo ne. Jikina ya mutu. Na yi ta maimaitawa har na ji Maman Aslam ta shigo."

"Sannan kika kai wa Imrana."

"Caji na kai. Na ce masa ya gani kawai."

Yero ya ce ta sa yaran su yi shiru. Ya kunna bidiyon na asali, wanda ba kiɗa, ya manna wayar a kunnensa ya rufe ido. Akwai ƙarar fanka. Akwai ƙarar tafin hannu a bayan yaro, sau biyar, a ɗan tsaya, sannan a ci gaba. Akwai hakin Hajo. Daga bakin yaron babu komai. A sakan na ƙarshe, dab da yankewa, wani abu ya bugi ƙarfe, ƙwal.

Ya saurara sau huɗu. Ya ce ta tura masa wannan ɗin.

*

A asibiti Hajo na kwance an naɗe mata kai da bandeji, muƙamuƙinta a karye. Ba ta farfaɗo ba. Babu kowa daga layin a bakin gadonta. Nas ɗin da ke kula da ita, Sista Uchenna, a Jos ta tashi, Hausa a bakinta kamar jakar Kano. Ta ce ita ta ƙi kallon bidiyon, ko da abokan aikinta suka yi ta nuna wa juna.

"Ki daure ki kalla sau ɗaya," in ji Yero. "Ni kiwo na sani. Na san ɗan maraƙi in an dake shi sai ya yi kuka. Yaron nan ana dukansa haka bai yi ba. Me ke hana yaro kuka?"

Ta karɓa ta kalla. Kafin ya ƙare ta dafe ƙirji.

"Chineke! Baba, wannan ba duka ba ne. Ka ga yadda ta kifa shi, kai a ƙasa, ta tallabe haɓarsa? Ka ga leɓensa ya yi duhu? Abu ne ya toshe masa maƙogwaro. Haka ake koya mana mu yi. Yaron da ya shaƙe ba ya kuka, don iska ba ta wucewa. Da ta tsaya neman keke, da gawa za a kawo mana."

Ta juya ta kalli matar da ke kan gadon. Yero ya fita baranda ya kira 'yarsa a Anacha, ya ce ta goge abin da ya tura mata. Ta ce to, amma ta riga ta tura wa ƙawayenta.

*

Washegari da hantsi ya koma gidan Awwalu. Mazan sun fita, sai Mu'minat, wadda ta ƙi zuwa shago. Ya roƙi ta ɗaga labule ta tsaya a ƙofa, ya shiga ɗakin. Ya zauna a kan leda, ya yi ta matsawa yana duba waya har ƙafar gadon da ƙarƙashin teburin suka zo daidai da yadda suke a bidiyon. Inda Hajo ta durƙusa yana gabansa, bai fi taku biyu ba. A jikin bango akwai babban farantin silba a jingine.

"Farantin nan, nan yake zama kullum?"

"Nan yake."

Ya kwanta rub da ciki kamar yadda yake yi a daji, ya bi ledar da ido. Ɗakin ya ɗan gangara wajen kabad. Wasu 'yan tururuwa na shiga ƙarƙashinsa a jere. Ya zura sandarsa ya jawo abin da suke bi. Ƙwallo ne mai faɗi, ruwan ƙasa, mai sheƙi, da sauran naman ɗan itace a jikinsa.

"Ƙwallon agwaluma," in ji Mu'minat. "Daga ina? Ni ba na sha, Alhaji ba ya sha. Inna Hajo kuwa haƙoranta ba sa ɗaukar tsami."

"Maman Aslam, wanda ya turo miki bidiyon nan, rantsuwa ya sa ki?"

Ta ƙara rungume yaron.

"Kar ki faɗa min yanzu," in ji Yero. "Ku zo zauren Baba bayan la'asar, ku duka."

*

Zauren Baba Yunus ya cika har waje. Awwalu da ƙaninsa Munzali na gefe guda. Imrana na raɓe da bango. Mu'minat da Sadiya na bayan ƙofar cikin gida tare da matan Baba. Wani ɗan sanda cikin farin kaya ya zauna a kan benci a bakin ƙofa.

Yero ya sa aka kawo farantin silbar aka jingine. Ya kunna bidiyon da ba kiɗa, ya ce kowa ya rufe ido ya saurara. Da ya ƙare ya tambaya, "Wa ya ji kukan yaro?"

Aka girgiza kai.

"Ni ma ranar Talata ban ji ba, kuma ban tambayi dalili ba. Sau uku na kalla, na tsine mata, na tura gaba. Ina faɗa ne don kar wani ya ɗauka na fi shi."

Ya faɗi abin da nas ta gaya masa, kalma bayan kalma. Sannan ya zaro ƙwallon daga aljihu ya jefa a jikin farantin. Ƙwal. Wasu suka zabura, don yanzu suka gama jin wannan ƙarar a waya.

"Wannan ya fito daga maƙogwaron ɗanka, Alhaji. Hajo ce ta fitar da shi. A daidai nan aka yanke bidiyon, don sakan ɗaya a gaba yaron zai ja numfashi ya yi kuka, kowa ya gane. An yanke farkonsa kuma, inda za a ga wanda ya sa masa a baki."

Awwalu ya miƙe tsaye, ya sake zama.

"Ba ta taga aka ɗauka ba," Yero ya ci gaba. "A zaune aka ɗauka, cikin ɗaki, taku biyu daga yaron. Mutum ne da zai shiga ɗakin matar aure Hajo ba ta hana shi ba. Kuma da yaron ya shaƙe bai ajiye wayar ba." Ya juya wajen ƙofar cikin gida. "Maman Aslam, rantsuwar da aka sa ki a kan ƙarya aka sa ki. Matar da ta ceci ɗanki tana kwance ba ta san inda take ba."

Aka ji kuka daga bayan ƙofa. Sai muryar Mu'minat: "Munzali ne. Ya ce ya dawo cin abinci ya tarar tana dukansa, ya ɗauka a ɓoye. Ya ce kar in faɗi sunansa, Yaya zai ce me ya sa bai hana ba."

"Ƙarya ne," in ji Munzali. "Ina wajen aiki. A duba wayata, babu komai."

Ya miƙa ta da kansa. Yero ya ba Imrana. Imrana ya latsa nan ya latsa can, gumi na zubo masa.

"An goge," in ji shi. "Amma waya tana ajiye abin da aka goge na wata guda." Ya ɗan tsaya. "Ga shi nan. Minti huɗu ne."

Nan take zauren ya motsa. Mutane suka miƙe, na waje suka turo kai, wuya ya miƙe ta ko'ina. Wani saurayi a baya ya riga ya ɗaga tasa wayar.

Yero ya karɓe wayar ya kife ta a cinyarsa.

"Mutum uku za su gani: Baba, uban yaro, da jami'i. Sauran mu mun kalli abin da ya ishe mu."

Suka shiga ƙaramin ɗaki su uku. Daga zaure ana jin sautin sama-sama. Muryar Munzali yana dariya, yana cewa, "Aslam, ce aa, ce aa." Sai dariyar ta tsaya. Sai ƙarar faɗuwar kwano daga tsakar gida, da gudu, da salatin Hajo. Sai dukan. Sai ƙwal. Sannan kukan yaro, mai ƙarfi, da muryar Hajo tana ta maimaita alhamdulillahi tana kuka ita ma.

Da suka fito Awwalu bai kalli kowa ba sai ƙaninsa.

"Yaya, wasa nake," in ji Munzali, ya zube a ƙasa. "Fuskarsa kawai nake so in ɗauka. Ban san akwai ƙwallo a ɓarin ba. Na roƙi Hajo ta rufa min asiri, ta ce kai ba za ta faɗa maka ba, amma dole ta gaya wa uwarsa don a kai shi asibiti a duba maƙogwaron. Tsoro ne ya kama ni. Anti Mu'minat kaɗai na tura wa. Wallahi mutum ɗaya na tura wa."

"Ni ma mutum ɗaya," in ji Sadiya daga ciki, a hankali.

Awwalu ya ce da ɗan sandan, "Na janye ƙarar da na kai. Wannan kuma ku tafi da shi." Ya juya wajen matarsa. "Ɗauko yaron mu je asibiti. Kwana biyu yana fama da maƙogwaro muna kallon bayansa."

*

Hajo ta farfaɗo ranar Asabar. An ɗaure mata muƙamuƙi, maganarta ba ta fita sai an kai kunne. Kunnenta na hagu ya daina ji. Abin da ta fara tambaya shi ne yaron. Aka ce yana lafiya, ya fara shan kunu.

Sai a lokacin ta san akwai bidiyo. Wayarta ƙarama ce mai tocila, ba ta nuna hoto. Har aka rufe ta da duka a bayan injin niƙa ba ta san laifin da ta yi ba.

Mu'minat ta durƙusa a bakin gado tana kuka. Baba Yunus ya ce an yanke shawara a saki cikakken bidiyon, duniya ta ga gaskiya. Imrana ya yi alkawarin yaɗa shi ko'ina.

"Ranka ya daɗe, a tambaye ta tukuna," in ji Yero. Ya sunkuya wajen kunnenta na dama ya yi mata bayani.

Hajo ta saurara har ya gama. Sannan ta motsa leɓe, ya kai kunne.

"Me ta ce?" in ji Baba Yunus.

"Ta ce a ciki yaron mutuwa yake yi. Ta ce kar a nuna wa mutane yaro yana mutuwa, zai girma ya gani."

"Ka gaya mata shi ne zai wanke ta."

"Na gaya mata. Ta ce a'a."

Haka aka bari. Ranar Juma'ar da ta biyo baya liman ya faɗi gaskiyar magana a huɗuba, ya ce duk mai bidiyon ya goge. Mutanen layin suka goge, ko suka ce sun goge. Suka yi ta zuwa asibiti da kwanukan abinci da ba ta iya taunawa. Waɗanda sawun takalmansu ya fito a bayan injin niƙa ma sun zo, sun zauna sun yi mata sannu, ba wanda ya ce yana wurin.

Bayan sati biyar aka sallame ta. Awwalu ya ce ta dawo gidansa ta zauna har ƙarshen rayuwarta. Ta yi godiya, ta ce za ta koma Azare wajen ƙanwarta.

Yero ne ya raka ta tasha da hantsi, ya ɗaukar mata jakarta. Ya samar mata kujera kusa da taga, ya tsaya a waje yana jiran motar ta cika. Wata matashiya Bahaushiya, baƙuwa daga Fatakwal, ta shigo da 'yarta ƙarama ta zauna kusa da ita. Suka gaisa. Yarinyar ta miƙa hannu tana wasa da bakin mayafin Hajo, Hajo ta ɗan yi murmushi iya yadda muƙamuƙin ya bari, ta riƙe 'yan yatsunta.

Uwar ta kalli fuskar Hajo, ta sake kallo. Ta zaro waya ta latsa, ta dubi wayar, ta dubi Hajo. Sai ta fizge 'yarta ta mayar da ita ɗaya gefen, ta taɓa matar da ke gabanta ta miƙa mata wayar.

Yero ya buga gilashin tagar. "Baiwar Allah, tsaya ki ji, ba haka abin yake ba."

Direba ya riga ya tayar da mota. Hajo ta ɗago hannu ta yi masa alamar ya bari, ta ja mayafi ta rufe fuskarta. Motar ta fita daga tasha, wayar na tafiya daga hannu zuwa hannu har kujerar gaba.